Rigar Barista Tijjani Ta Zo, Shi Bai Zo Ba

Ranar da aka kori ƙarar Malam Ishaya mu shida ne a gindin dogon yaron da ke bakin ƙofar kotu. Akwai ni, Rabi, wadda lauyoyi suke kira Ya Rabi idan suna son kayansu da wuri. Akwai Ba Goni mai shayi, wanda teburinsa yake jingine da rumfata. Akwai Malam Ishaya kansa, tsohon malamin firamare daga Wulari, da matarsa Mama Rifkatu. Akwai Kachalla masinjan kotu, da ba ya iya zama wuri ɗaya. Ta shida ita ce Barista Yagana, ƙaramar lauya, ko shekara ba ta cika ba da fara aiki. Wanda ya kamata ya zama na bakwai, wato Barista Tijjani, lauyan Malam Ishaya kuma ubangidan Yagana, ba ya nan. Rigarsa dai tana nan a rataye a bayana, kwananta tara ke nan.

Zan zo kan wannan. Amma tunda ku kuka ce in faɗa a rubuta, ku 'yan matan da kuka buɗe shagon wanki da inji a Moduganari kuna son lauyoyi su riƙa kawo muku kaya, sai kun fara jin mene ne aikin. Ɗayarku ta ce mini, "Ya Rabi, ai baƙar riga ce kawai da ɗan farin ƙyalle." To madalla. Ni ban shiga makaranta ba, ban san baƙi ko ɗaya ba, amma shekara talatin da wani abu ina wanke wa masu ilimi abin da suke shiga ciki su zama manya, kuma har yau ban ce na gama sanin aikin ba. Ke da kika sayi inji bara kin gama.

Kayan lauya uku ne. Baƙar riga mai faɗi, mai tattara a baya. Farin ƙyallen wuya mai harsuna biyu, da kwalarsa. Sai hular gashi. Lauyan da bai sa ukun nan ba, alƙalin babbar kotu ba zai saurare shi ba ko da ya haddace duk littattafan duniya. Sai dai ya koma benci na baya ya zauna da 'yan kallo. Ku riƙe wannan, don a kansa sana'ar take tsaye.

Ƙyallen wuya na farko da na taɓa gogewa, ƙone shi na yi. A lokacin ina hannun Baba Audu, wanda ya riga ni wannan rumfa, mutumin da ya yi wa alƙalai wanki tun suna zuwa aiki a kan keke. Babana Bakano ne mai sayar da yadi a Umarari, shi ya kai ni wurinsa bayan aurena ya mutu, ya ce in koyi abin yi ya fi in zauna ina kallon bango. Wata bakwai Baba Audu bai bar ni na taɓa kayan lauya ba. Hura gawayi, ɗebo ruwa, dama sitaci, goge hankici, shi ke nan. Ranar da ya miƙo mini ƙyallen sai rawar jiki ta sa na ɗora dutsen guga da zafinsa, ya bar tabo ja a tsakiya. Bai yi mini faɗa ba. Ɗaura mini shi ya yi a wuya, ya ce in wuni da shi. Duk lauyan da ya zo wucewa sai ya rusuna ya ce, "Barka da aiki, Mailod," yadda suke ce wa alƙali. Ban sake ƙone komai ba.

Sitaci na rogo ake so. A dama shi da ruwan sanyi, sannan a zuba tafasasshe ana juyawa har ya yi haske. Bula kuwa ɗan ɗigo ne. In ta yi yawa lauya zai shiga kotu da wuya shuɗi kamar tantabara. Baƙar riga ba a cuɗa ta, ba a matse ta, kuma ba kowane ruwa take so ba, don na wasu burtsatse yana da gishiri, in ta bushe sai ki ga fari-fari kamar an taɓa ta da hannun tuwo. A juya ta a shanya a inuwa. Ranar garin nan in ta sami baƙin yadi, kwana biyu ta mayar da shi kalar akuya. Wajen guga sai an shimfiɗa jiƙaƙƙen ƙyalle tsakanin dutse da riga, in ba haka ba ta riƙa sheƙi kamar leda. Tattarar baya kuma ɗaya bayan ɗaya ake binta da bakin dutse, kuma ba a hira a lokacin. Hular gashi ba ta ganin ruwa har abada. Buroshi, iska, kafur, a mayar da ita gwangwaninta. An taɓa kawo mini wata da wani mai inji ya jefa cikin injinsa. Ta fito kamar sheƙar tsuntsu, mai ita kuwa yana tsaye yana tambayata ko akwai abin da za a yi. Na ce akwai, ya nemi kaza ya ba ta.

Ƙyallen wuya shi ne na ƙarshe, kuma ba a goge shi a ajiye. In kika goge shi kika ajiye, ƙura ta hau shi, ƙarfinsa ya tafi, ya fara ja. Saboda haka ana sa masa sitaci a bar shi ya bushe a ƙanƙame, sai mai shi ya aiko cewa zai karɓa, sannan a yayyafa masa ruwa a goge.

Tunda ba na karatu, kowane lauya da zarensa. Wani ja ƙulli ɗaya, wani rawaya ƙulli uku, a cikin wuyan riga inda ba a gani. Ban taɓa ba wani kayan wani ba. Magatakardan kotu da ya yi makaranta har ƙasar waje, sau nawa yana ba wani fayil ɗin wani, ku tambayi Kachalla.

Dokoki biyu Baba Audu ya bar mini. Ta farko, riga ba ta fita sai a hannun mai ita, ko da izini daga bakinsa. Ta biyu, abin da kika sani game da mai kaya ya tsaya a rumfa. Ta biyun ta fi wuya, domin har kwat da wandonsu nake wankewa, kuma aljihu ba ya ɓoye komai. Na ciro goro, na ciro hoton matar da ba ita ce ta gida ba, na ciro laya a aljihun wanda ya fi kowa iya Turanci. Na ciro takardar filin wani talaka da aka yi wata uku ana nema a ofis, ana cewa shi ne bai kawo ba. Kowanne nakan sa a leda in miƙa wa mai shi ba tare da na ɗaga kai ba.

Abin da na fi sani kuma shi ne wanda zai zo da wanda ba zai zo ba. Kada manyan motocin nan su ruɗe ku, yawancinsu riga ɗaya ce da su. Kullum da safe Kachalla yana manna jerin ƙararrakin ranar a allo, mutane su taru suna leƙe. Ni ba na buƙatar allo. In na ji sunan lauya a bakin masu jiransa, na waiwaya na ga rigarsa a igiyata, an gama magana.

Ku kuma san abin da rashin zuwan yake jawowa, don kada ku ɗauka tsumma kuke wankewa. Wanda ƙaramar kotu ta kayar, yakan ɗaukaka ƙara zuwa ta sama. A can ba a kiran shaidu, ba a son kukanka, ba a tambayar mai unguwarku. Takarda ce da bakin lauya. In lauyanka bai zo ba, karo na farko a ɗage. Na biyu a ɗage da gargaɗi. Na uku lauyan ɗaya ɓangaren ya miƙe cikin ladabi ya ce masu ƙara sun gaji da ƙararsu, a kore ta. Akwai korar da ake iya dawowa a roƙa a maido, akwai wadda take rufe ƙofa. Bambancin nan ba a makaranta na koya ba. A kan bencina na koya, daga mutanen da suka fito daga kotu suka zauna a kansa. Shi lauyan kuwa gobe zai zo da ƙamshin turare ya ce alƙali ne bai fahimci doka ba.

Shekarar da ruwa ya ci gari ita ce mafi muni a wurina. Rumfata ta tafi, dutsen gugan Baba Audu sai a cikin laka aka tono shi. Da ruwa ya janye aka fara kawo mini riguna a buhu, suna warin kwata, hulunan gashi kamar kajin da suka faɗa rijiya. Na ceci abin da ya cetu, sauran na ce a binne. Mutane sun rasa gidaje da 'yan'uwa, wannan ba abin wasa ba ne. Amma wasu lauyoyi ruwan nan gata ya yi musu. An daɗe da bushewa, ana ta fama da zafi, lauya zai aiko takarda cewa ba zai iya zuwa ba, fayil ruwa ya tafi da shi. Akwai wanda ofishinsa yana hawa na biyu a bene, shi ma ruwa ya tafi da nasa. Ba Goni ya ce wannan ruwan da tsani ya zo.

To, Malam Ishaya. Gidansa na Wulari a cikinsa ya yi aure, a cikinsa ya yi ritaya. Wata rana wani mutum ya bayyana da takarda cewa yayan Malam, wanda ya rasu, ya sayar masa da filin tun da daɗewa. Ƙaramar kotu ta ba mai takarda gaskiya. Malam ya ɗaukaka ƙara, kuma muddin ƙarar tana da rai ba mai ikon fitar da su. In ta mutu, gida ya tafi. Abin da ke ƙasa ke nan.

Na fara kula shi ne saboda rigarsa. Tsohuwa ce, wuyan ya sha jiki, amma layin hannun a tsaye yake kamar wuƙa. Na tambaye shi wa ke yi masa guga, ya ce shi da kansa, tun yana ɗan makarantar kwana. Daga ranar na ba shi wuri a bencina. Yakan zo da takardunsa a leda, ya ɗora a cinya, ya dafa da hannu biyu.

Zama biyu Barista Tijjani bai zo ba. Na farko ciwon baya. Na biyu rasuwar kawunsa, wanda a lissafin Ba Goni wannan ce rasuwarsa ta uku. Alƙali ya ce ɗagewar nan ita ce ta ƙarshe. Duka biyun rigar tana igiyata tun safe, Malam yana zaune ƙafa uku daga gare ta yana duban hanya, ban ce uffan ba. Doka ce.

Ranar zama na uku, Malam da matarsa suka iso tun kafin a buɗe ƙofa.

"Ya Rabi, yau kam zai zo," in ji Malam. "Jiya na kira shi, ya ce in kwantar da hankalina."

"Haka ya ce wancan karon," in ji Mama Rifkatu. Ita ba ta zama a benci, tsayuwa take yi. Ta juyo gare ni. "Ke da kike ganin shigarsu da fitarsu, kin gan shi?"

"Ban gan shi ba," na ce, na ci gaba da naɗe kaya.

Na gama aikin safe, na sallami lauyoyi uku da suke da zama a ranar, cikinsu har da na mai takarda. Na zubar da garwashin dutse na ajiye shi ya huce, tunda ba wanda ya aiko a goge masa wani abu. Kachalla ya wuce da sauri ya ce, "Malam, naku ne na biyu. Ku shiga da wuri, yau Mai Shari'a bai karya ba, fuskarsa ba kyau."

Ana haka keke-napep ya sauke Barista Yagana, rungume da takardun da aka aiko ta ta kai ofishin magatakarda. Ba ta zo da kayanta ba, tunda ba ita ke da zama ba. Kachalla ya tare ta.

"Barista, ina Oganku?"

"Bai iso ba? Ai ce mini ya yi yana nan tafe."

Ta kira shi, ba a ɗauka ba. Ta kira direbansa, ya ɗauka. Muna jin ganga da hayaniya daga cikin wayar. Wani babban mutum ne zai sauka a filin jirgi, Barista Tijjani kuma yana sahun gaba na masu tarba, ya sha babbar riga, don kada a sauka ba a gan shi ba.

Yarinyar ta sauke wayar daga kunne. Sai ta ce, "Ina iya tsaya masa. Ƙaramin lauya yana iya miƙewa ya ce yana riƙe wa babba, ya roƙi wata rana. Ko ba komai alƙali ya ga akwai mutum. Amma kayana suna gida, kafin in je in dawo an tashi." Lauyoyin da ke ciki kuwa sun riga sun zauna, ba wanda zai tuɓe a gaban alƙali ya ara mata. Idonta ya faɗa kan igiyata.

"Ya, wannan ba ta Oga ba ce?"

"Tasa ce."

"Ki ba ni."

"Kira shi in ji daga bakinsa."

"Ya, ba ya ɗauka!"

"Sake kira."

Ta sake, ta kuma sake. Ba Goni ya ajiye butarsa. "Haba Ya Rabi, ba ta mana. Riga ce fa, ba gonar gado ba."

"Kai da shayinka, Goni. In na fara koya maka sukari ka koya mini wanki."

Mama Rifkatu ta matso har bakin rumfa. Ba ta ɗaga murya ba. "Rigarsa tana wurinki? Tun yaushe?"

"Kwana tara."

"Kuma wancan karon?"

"Tana nan."

"Ya Rabi, mijina yana zama a bencinki yana gaishe ki."

Na sauko da rigar. Shekara talatin ban karya dokar nan ba, ranar na karya ta da hannuna. Barista Tijjani dogo ne mai ƙiba, Yagana kuwa 'yar firit ce, rigar tana share ƙasa. Na tattare ta ciki na kama da fil shida. Hular ta sauko mata har gira, na cusa hankici a ciki ta zauna. Duk wannan bai ɗauki lokaci ba, hannuna ya saba.

Saura ƙyallen wuya. Na ciro shi daga kwando, a ƙanƙame, a murɗe, kamar busasshiyar ganda.

"Ba ni haka," in ji ta.

"Ba za ki tsaya gaban alƙali da wannan ba, a ce daga hannun Rabi ya fito."

"Ya, don Allah, ba mai dubawa!"

"Ni zan duba."

Sai Malam Ishaya ya miƙe, ya gyara ledarsa a hammata, ya ce, "Barista, bar ta ta yi aikinta. Ba a shiga gaban manya a yamutse. Ni zan shiga in riƙe mana wuri. Ai na farko ma ba a gama ba." Ya gyara wuyan rigarsa ya shiga.

Na kwashi garwashi daga murhun Ba Goni na zuba a dutse. Duk wadda ta taɓa riƙe dutsen gawayi ta san ba ya jin magiya. Sai ƙarfen ya ɗauki zafi a lokacinsa. Ina fifita, Ba Goni yana fifita da murfin tukunya, Yagana tana taka ƙafa ɗaya tana ɗaga ɗaya. Na yayyafa ruwa, na gwada dutsen da yawu bai yi ƙara ba, na ƙara jira. Da ya yi, na goge harshe ɗaya, na goge ɗayan, na juya na bi bayansu, na bi kwala. Ba na ɗaura agogo, ba zan ce muku minti kaza ba ne. Na dai san ina ɗaura mata shi a wuya Kachalla ya fito baranda yana ɗaga hannu biyu yana kiran sunanta.

Ƙarar farko ko numfashi ba ta yi ba aka ɗage ta. Ita ma lauyanta bai zo ba.

Yagana ta kwashe riga da hannu biyu ta ruga, Mama Rifkatu a bayanta, ni a bayan Mama. Na tsaya a bakin ƙofa. Lauyan mai takarda yana cikin zama, yana gyara rigar da na goge masa da safe. Alƙali yana rubutu. Malam Ishaya yana tsaye shi kaɗai da ledarsa. Yarinyar ta rusuna ta ce, "Mailod," tana haki. Alƙali ya ɗago ya dube ta ta saman tabarau, ya yi 'yar gajeriyar magana da Turanci, ya rufe fayil, ya miƙa hannu a ba shi na gaba. A duk ɗakin nan babu ƙyallen da ya kai nata fari da tsayuwa. Na duba.

Kachalla ne ya ba mu labarin sauran a gindin bishiya. Da aka kira ƙarar, Malam ya miƙe ya ce lauya tana waje tana shiri. Alƙali ya ce sau biyu ana gaya masa lauya yana hanya. Duk da haka ya ajiye alƙalami ya dubi ƙofa na ɗan lokaci. Da ba wanda ya shigo, lauyan mai takarda ya miƙe ya yi roƙonsa, aka ba shi.

"Wace iri ce?" Mama Rifkatu ta tambayi Yagana. "Ta dawowa ce, ko ɗayar?"

"Ɗayar ce, Mama. Zan rubuta roƙo da kaina, zan gwada. Amma kada in yi miki ƙarya."

"Kwana nawa muke da shi a gidan?"

"Ban sani ba. Ba yawa."

Malam ya zauna a bencina, a wurinsa na kullum. Ya ciro takardun daga leda, ya daidaita bakinsu a kan gwiwa, ya mayar. Ba Goni ya zuba shayi kofi uku ya jera, ba wanda ya taɓa.

"Da kin ce mana tun safe rigarsa tana nan," in ji Mama Rifkatu, "da na je na janyo shi, ko a filin jirgin ne, ko a gaban wa yake tsaye." Ta kama hannun mijinta. "Tashi, Malam. Akwai kaya da yawa."

Ya tashi, ya ce mini, "Sai wani jiƙon, Ya Rabi. Wushe da aiki." Bai faɗe shi da wata manufa ba, sannu da aiki ce irin ta garin nan, haka yake sallama kullum.

Ku dai da kuke son kayan lauyoyi, ga abin da injinku ba zai gaya muku ba: akwai ranar da ba a guga. Baba Audu bai koya mini wannan ba, ina jin shi ma bai taɓa cin karo da ita ba. Laifin Barista Tijjani ne, wannan ko a gaban wa zan faɗa. Amma tsakanin murhun Ba Goni da ƙofar kotu ni ce a tsaye.

Washegari na yi sammako. Na cire fil shidan, na sake bin tattarar rigar ɗaya bayan ɗaya, na goge ƙyallen, na sa hular a gwangwaninta. Ban buɗe rumfa ba. Na hau keke-napep zuwa ofishin Barista Tijjani. A ɗakin jira akwai mutum biyar, kowa da ledarsa a cinya, kowa ya dafa ta da hannu biyu. Shi kuma ya fito cikin farar shadda, ƙamshi yana gabansa.

"A'a! Ya Rabi da kanki?"

"Da kaina."

"Na ji abin da ya faru jiya. Wallahi alƙalin nan akwai gaggawa. Amma ba komai, za mu rubuta takarda."

Na ajiye masa kayan a kan teburin sakatariyarsa, na juya wajen masu jira.

"A cikinku wa ke da zama a makon nan?"

Wani dattijo mai tsohuwar hula ya ɗaga hannu kamar ɗan makaranta. "Ni ne, Ya. Jibi. Maganar gona ce."

"To, Baba, ga rigar lauyanka na kawo. Kwana goma tana wurina, a cikinsu aka kori ƙarar wani bawan Allah, yanzu haka yana ɗaure kaya a Wulari. In babu wannan rigar ba a saurarensa, kuma ita kaɗai gare shi. Jibi kada ka je kotu ka jira. Ka je ƙofar gidansa da sassafe, kada ka matsa sai ka ga an sa ta a mota, shi ma ya shiga, kai ma ka shiga."

"Ya Rabi!" in ji Barista. "Wannan ba tsarin aiki ba ne."

Ban dube shi ba. Dattijon ya matso bakin kujera ya ce, "Ina ne gidan nasa?"

Na kwatanta masa tun daga bakin titi, kwana ta farko da ta biyu, har launin ƙofa. Sauran huɗun ma suka jawo kujerunsu, ɗaya ta ce in maimaita a hankali za ta rubuta.